Ng Cho-fan, Sarkin Majigin Kudancin Sin



Da aka nemi mu ce wani abu a kan sinima, mun san cewa da yawa daga cikinku sun zaci za mu ɗauko fina-finan Indiya, ko kuwa na kaboyi na Amurka. To, yau nesa za mu tafi da ku, can tsibirin Hong Kong da ke gaɓar kudancin ƙasar Sin, mu duba rayuwar wani ɗan wasa mai suna Ng Cho-fan. Kada farkon sunan ya ba ku tsoro don kun ga babu wasali a cikinsa. Da hanci ake faɗinsa, kamar yadda mutum yake gunaguni in an tambaye shi abin da ba ya son amsawa.

Waɗanda suka riski gidajen sinima na Kano da Kaduna da Zariya da Jos a shekarun 1970 ba su manta Bruce Lee ba. Abin da ba kowa ya sani ba shi ne, tun yana yaro ƙarami yake fitowa a majigi, kuma a cikin manyan da ya tsaya gabansu ya koyi aiki har da wannan mutum da za mu yi magana a kansa. Amma ba don Bruce Lee muka zaɓe shi ba. Mun zaɓe shi ne don rayuwarsa ta amsa wata tambaya wadda ta shafi duk mai sana'ar da jama'a ke biya su kalla, wato: in sana'arka tana kawo maka kuɗi amma tana zubar da mutuncin harshenka da na mutanenka, me ya wajaba a kanka?

Harshen da aka raina

Kafin mu shiga tarihinsa, ya kamata mu share fage. Sinawa rubutunsu ɗaya ne, amma bakinsu ba ɗaya ba ne. Mutanen arewa suna magana da Mandarin, wanda gwamnati ta ɗauka a matsayin harshen ƙasa. Mutanen lardin Guangdong da birnin Kanton da Hong Kong kuwa suna magana da Kantonanci, kuma in ɗan Beijing ya ji su bai koya ba, ba zai fahimci abin da suke faɗa ba. A zamanin da majigi yake bebe wannan bambanci bai dami kowa ba, domin rubutu ake sawa a allo kowa ya karanta. Ranar da majigi ya buɗe baki, ranar rigima ta tashi.

A 1933 wani kamfani na Shanghai mai suna Tianyi, na gidan Shaw, ya ɗauki wasan wani shahararren mawaƙin dandali, Sit Gok-sin, ya mayar da shi fim mai magana da Kantonanci. Fim ɗin ya yi kasuwa ƙwarai a Kanton da Hong Kong, da kuma wajen Sinawan da suke zaune a Singafo da Malaya. Nan da nan 'yan kasuwa suka gane cewa akwai miliyoyin mutane da za su biya kuɗi don kawai su ji harshen da iyayensu mata suka yi musu rarrashi da shi yana fitowa daga allo. Hong Kong, wadda take ƙarƙashin mulkin Ingila a lokacin, ta zama cibiyar wannan sana'a.

Gwamnatin Sin da ke Nanjing ba ta ji daɗin haka ba. A ganinta, ƙasar da take neman haɗa kanta tana bukatar harshe ɗaya, saboda haka a 1936 ta ba da sanarwar hana yin fim da kowane harshe in ba Mandarin ba. Masu sana'ar kudu suka yi ta kai kuka har aka ɗaga ranar zartar da dokar, sannan yaƙi da Jafan ya ɓarke a watan Yuli na 1937, hankalin kowa ya koma wani wuri. Dokar ta mutu, amma rainin da ya haife ta bai mutu ba. Masu ilmi da yawa sun ci gaba da kallon fim ɗin Kantonanci a matsayin abincin jahilai da 'yan aikin gida.

Farkon tafiya

A cikin wannan yanayi Ng Cho-fan ya taso. An haife shi a 1911 a birnin Tianjin na arewa, amma a Hong Kong ya girma. Ya fara da wasan kwaikwayo na dandali, sannan a 1932 ya fito a fim ɗinsa na farko, wanda za mu iya fassara sunansa da “Ƙarar Bindiga da Tsakar Dare”. Dogo ne, ƙaƙƙarfa, mai kaurin murya, kuma abin da ya bambanta shi da yawancin taurarin lokacin shi ne bai fito daga gidan mawaƙan gargajiya ba. Su waɗancan sun saba da rangwaɗa da jan murya da kaɗa hannun riga irin na dandali. Shi kuwa yana tsayawa gaban kyamara kamar yadda mutum yake tsayawa a ƙofar gidansa, yana magana kamar yadda ake yi a kasuwa.

A 1935 ya ja ragamar fim ɗin “Igiyar Rai” na darakta Kwan Man-ching, wanda yake kiran Sinawa su tashi su kare ƙasarsu. Hukumar tace fina-finai ta Turawan Hong Kong ta tsare shi da farko, don gudun ɓata wa Jafan rai, sai daga baya aka sake shi. A 1937 kuma, bayan fim ɗin “Waƙar Rayuwa”, aka laƙaba masa sunan da ya bi shi har kabari: Sarkin Majigin Kudancin Sin. Shekarunsa 26 ke nan a duniya.

Sai dai sarautar ba ta daɗe tana daɗi ba. Ranar 25 ga Disamba 1941 Hong Kong ta faɗa hannun sojojin Jafan. Sababbin masu mulkin sun san amfanin majigi, sun kuma san cewa fuskar da jama'a suka saba da ita ta fi takardar sanarwa dubu shiga zuciya, don haka suka nemi taurarin garin su yi musu fina-finan farfaganda. Ng Cho-fan ya sulale ya bar garin, ya nufi Guangzhouwan, wani yanki na gaɓar teku da ke hannun Faransa a lokacin. Shi da wasu abokan aikinsa suka koma wasan dandali, suna yawo gari gari don su sami abin sawa a baka. Sana'ar fim ta Hong Kong ta tsaya cik har aka gama yaƙi a 1945. Mu lura da kyau: mutumin da ake kira sarki ya zaɓi ya zama ɗan wasan yawo a kan ya ba da aron fuskarsa.

Kasuwar kwana bakwai

Jarrabawa ta biyu ta fi ta farko wuya, domin ba da bindiga ta zo ba, da kuɗi ta zo. Lokacin da yaƙi ya ƙare, mutanen Hong Kong ba su wuce 600,000 ba. Cikin 'yan shekaru, saboda yaƙin basasar Sin da nasarar 'yan Kwaminis a 1949, suka haura miliyan 2. Yawancinsu 'yan gudun hijira ne, matalauta, masu magana da Kantonanci, kuma sinima ce nishaɗin da ya fi araha. Aka shiga yin fina-finai kamar ana toya ƙosai. A shekarun 1950 akan fitar da fiye da 100 a shekara, wani lokaci har kusan 200.

Ga yadda kasuwar take tafiya. Mai shirya fim ba shi da jari na kansa. Sai ya je wurin dillalan Singafo da Malaya, ya ambata musu sunan tauraron da zai sa, su ba shi kafin alƙalami. Su dillalan ba ruwansu da labari, suna kawai suke saye. Tun da an riga an sayar da fim kafin a ɗauke shi, duk kwabon da aka kashe wajen kyautata shi hasara ce a wurin mai shiryawa. Saboda haka ake gama fim cikin mako guda, har mutanen garin suka sa wa irinsu suna, suna ce musu 'yan kwana bakwai. Sau da yawa babu rubutaccen labari cikakke. Mawaƙin da ya gama wasan dandali da dare zai iso wurin ɗaukar hoto a gajiye, a kafa masa kyamara wuri guda, ya rera abin da ya saba rerawa, a naɗe. Aka cika allo da aljanu da takubba masu tashi sama da barkwancin banza. Hausawa sun ce araha ba ta ado. Masu raina Kantonanci suka sami hujja a hannu, suna nuna waɗannan fina-finai suna cewa ga iyakar abin da harshen zai iya.

Ng Cho-fan yana cikin masu cin ribar wannan kasuwa, domin sunansa yana cikin waɗanda dillalai suke saye. Da ya yi shiru, babu wanda zai zarge shi. Amma a watan Afrilu na 1949, shi da 'yar wasa Pak Yin da wasu, su 164, suka sa hannu a wata sanarwa ta tsabtace fim ɗin Kantonanci, suka yi alkawarin daina yin abin da yake cutar da jama'a. A wannan shekara kuma aka kafa ƙungiyar ma'aikatan fim na kudancin Sin, wadda ya shugabanta daga baya.

Sanarwa dai takarda ce, kuma takarda ba ta biyan kuɗin haya. Ba a daɗe ba suka gane cewa muddin jari yana hannun wani, alkawarinsu ba zai wuce baki ba. Nan ne suka yi abin da ya sa ake tunawa da su.

Kamfanin Chung Luen

A 1952 'yan wasa da daraktoci su 21 suka haɗa kuɗinsu suka kafa kamfani nasu na kansu, suka sa masa suna Chung Luen, sunan da yake ɗauke da ma'anar haɗin kai. Ng Cho-fan ne jagoransu. A cikinsu akwai Pak Yin da Cheung Ying da Cheung Wood-yau da Wong Man-lei da Tsi Lo-lin, da daraktoci irin su Lee Sun-fung da Ng Wui da Lee Tit da Chun Kim. Sun yarda su karɓi ladan da bai kai abin da suke samu a waje ba, don rarar ta tafi ga aikin. Ba a fara ɗaukar hoto sai an gama rubuta labari, an zauna an tattauna shi, an yi gwaji. Tauraron da ya ja ragama a wannan fim zai iya fitowa a matsayin ɗan aike a na gaba, ba tare da ya ce an ci mutuncinsa ba.

Fim ɗinsu na farko, “Iyali”, ya fito a 1953. An ɗauko shi daga littafin marubuci Ba Jin, kuma suka bi shi da “Bazara” a 1953 da “Kaka” a 1954, daga littattafan marubucin guda. Wannan zaɓi da gangan ne. Suna so su nuna cewa Kantonanci zai iya ɗaukar adabin da masu ilmin arewa suke alfahari da shi. Abin sha'awa shi ne rawar da Ng Cho-fan ya ɗauka. Bai ɗauki ta ƙanen da ya yi tawaye ya bar gida ba, wadda ita ce mai jawo tafi. Ya fito a matsayin babban wa, mutumin kirki mai raunin zuciya, wanda yake bin umarnin kakansa a kan aure da komai, yana kallo matan da yake ƙauna suna halaka ɗaya bayan ɗaya. Ƙaton mutum mai faɗin kafaɗa ya koyi yadda zai sunkuyar da kai, har mai kallo ya ji haushinsa ya kuma ji tausayinsa a lokaci guda.

Amma fim ɗin da ya fi zama a zukatan mutanen Hong Kong shi ne wanda Lee Tit ya ba da umarninsa a ƙarshen 1953, wanda ma'anar sunansa ita ce wayewar gari a benen da yake shirin rushewa. A nan za mu ɗan dakata.

Labarin wani tsohon bene ne da aka yanyanka da katako, iyalai da yawa suna zaune a hawa ɗaya, wasu ma gurbin gado kawai suke haya. Akwai malamin makaranta da ya rasa aiki, akwai yarinyar da take rawa a gidan shaƙatawa don ta ci abinci, akwai mai ba da bashi da ruwa wanda yake hura hanci, akwai wani magidanci da talauci ya kai shi ga sayar da jininsa har ya mutu. Bruce Lee, yana ɗan shekara 12 ko 13, shi ne ya fito a matsayin ɗan wannan magidanci. Ng Cho-fan kuwa direban tasi ne mai suna Leung Wai, mai saurin fushi, mai buɗaɗɗen hannu, wanda kullum yake nanata wa maƙwabtansa cewa kowa ya ɗauki nauyin kowa. Malamin nan ya sami aikin karɓar kuɗin haya a wurin mai gidan, sai ya zama shi ne yake matsa wa mutanen da suka ciyar da shi lokacin da ba shi da komai. A daren da guguwar teku ta taso, benen yana girgiza, matar direban tana naƙuda mai wuya, malamin ya dawo cikin hankalinsa ya ba da jininsa aka cece ta.

Ku dubi yadda aka ajiye jini biyu a labari ɗaya, wanda aka sayar ya kashe mai shi, wanda aka bayar kyauta ya rayar da uwa da ɗa. Masu kallon ba su bukaci a yi musu bayani ba, domin daga irin wannan bene suka fito suka sayi tikiti, kuma cikinsa za su koma su kwana. A daren Kirsimeti na wannan shekara ta 1953 gobara ta cinye unguwar bukkoki ta Shek Kip Mei, mutum kimanin 53,000 suka wayi gari ba su da wurin kwana, abin da ya tilasta wa gwamnatin mulkin mallaka ta fara gina gidajen jama'a. Kalmar direban tasin nan ta zama taken kamfanin Chung Luen, kuma mutanen garin suka ɗauke ta suka mayar da ita tasu.

Ng Cho-fan ya kuma kafa wani kamfani, Wah Luen, tare da wasu abokansa. A ƙarƙashinsa aka yi “Dare Mai Sanyi” a 1955, inda ya fito a matsayin ƙaramin ma'aikaci mai tarin fuka a birnin Chongqing lokacin yaƙi, wanda ya rasa yadda zai yi tsakanin uwarsa da matarsa. Da yawa daga masana suna ganin nan ne ya kai ƙololuwar gwanintarsa. A 1960 kuma aka fitar da “Maraya”, fim mai launi, inda ya zama shugaban gidan marayu da yake ƙoƙarin shiryar da wani yaro ɗan sane, daga baya ya gane ashe ɗansa ne da ya ɓace a yaƙi. Ɗan sanen nan Bruce Lee ne, kuma kafin a nuna fim ɗin ya riga ya tafi Amurka tun 1959.

Inda aka gaza

Ba za mu yi muku adalci ba in muka tsaya a kan yabo. Fina-finan Chung Luen suna da nasu aibi. Wa'azi yakan yi musu yawa, mai kuɗi kusan kullum mugu ne, talaka kusan kullum mai gaskiya ne, hawaye kuma ba ya yankewa. Shi kansa Ng Cho-fan ya daɗe yana fitowa a matsayin saurayi bayan shekaru sun ja. Haka nan matsayin da suka ɗauka a kan mawaƙan dandali ya yi tsauri da farko, har aka yi ta maganar raba gari tsakanin 'yan fim da mawaƙa a 1952, ko da yake daga baya manyan mawaƙa irin su Ma Si-tsang da Hung Sin-nui sun yi fice a fina-finan kamfanin. Siyasa ma ta taɓa su. An ɗauke su a matsayin masu karkata ga Beijing, a zamanin da irin wannan suna yake rufe wa mutum kasuwar Taiwan.

Daga ƙarshe kasuwa ta juya musu baya. Yaran da aka haifa bayan yaƙi sun sami aiki a masana'antu, suna da ɗan kuɗi a aljihu, ba sa son a riƙa tuna musu da yunwar iyayensu. Kamfanin Shaw ya gina katafaren wurin ɗaukar fim, yana fitar da fina-finan Mandarin masu launi da faɗin allo. Chung Luen ya yi fina-finai 44, na ƙarshe a 1964, aka rufe shi a 1967, shekarar da gidan talabijin na TVB ya fara watsa shirye-shirye kyauta cikin gidajen mutane. Ng Cho-fan ya janye daga fim a tsakiyar shekarun 1960, bayan ya fito a fiye da 200. A 1972 ba a yi fim ko ɗaya da Kantonanci a Hong Kong ba. Har fina-finan da suka ɗaga sunan Bruce Lee a 1971 da 1972, da muryar Mandarin aka fara nuna su a garin da ya girma. Abin da dokar 1936 ta kasa yi, kasuwa ta yi shi ba tare da doka ba.

To, ashe wahalar banza suka sha? A 1973 wani darakta mai suna Chor Yuen ya yi wa kamfanin Shaw fim da Kantonanci, “Gidan 'Yan Haya 72”, labarin matalauta a gida ɗaya da suka haɗa kai a kan azzaluman masu gida. Ya fi kowane fim kawo kuɗi a Hong Kong a wannan shekara, ya wuce har na Bruce Lee. Daga nan harshen ya dawo allo, kuma cikin 'yan shekaru ya mamaye sana'ar garin baki ɗaya. Shi wannan Chor Yuen ɗan Cheung Wood-yau ne, ɗaya daga cikin mutum 21 da suka kafa Chung Luen, kuma a hannun Ng Wui da Chun Kim ya koyi aiki. Ng Cho-fan ya ga wannan da idonsa kafin ya rasu a birnin Ottawa na Kanada a 1993.

Kammalawa

'Yan'uwa ɗalibai, mun fara da tambaya, bari mu koma gare ta. Ng Cho-fan bai kare harshensa da jayayya da masu raina shi ba. Ya gane cewa rainin yana da tushe a cikin aikin ganganci da masu harshen suke yi da hannunsu, kuma ya gane cewa gangancin ya samo asali ne daga inda jari yake fitowa. Saboda haka ya rage ladansa, ya sa kuɗinsa, ya jawo abokan aikinsa, suka yi shekara 12 suna nuna abin da harshen zai iya in an ba shi lokaci. Kamfanin ya mutu, amma waɗanda suka koyi aiki a cikinsa su ne suka tayar da harshen bayan an yi masa jana'iza.

A cikin wannan ɗaki akwai waɗanda za su zama marubuta da 'yan jarida da malamai da masu shirya wasanni. Kowannenku zai gamu da tasa kasuwar kwana bakwai, inda za a biya shi da kyau don ya yi aiki maras kyau, kuma babu wanda zai tuhume shi. Ranar nan muna fata ku tuna da wannan mutum, ku kuma tuna cewa bai yi shi kaɗai ba, sai da ya nemi mutum 20 da za su yarda su yi hasara tare da shi.

 In akwai tambaya ko gyara, fili naku ne.